Lefen Zainabu a Gangare za a sauke shi

Wa alaikumus salam Hafsatu 'yata. Na ji saƙon muryarki tun jiya bayan isha'i, sau biyu na saurara, sai na ce bari dai in rubuta miki don in da baki ne kin san ni zuba zan yi ta yi in manta inda na faro. Abu uku kika tambaya: ko za a iya kai lefen Zainabu gidan Mamanku a Rikkos maimakon gidan Babanku na Gangare, sai maganar buga hoton Mamanku a jikin jaka da memo a rubuta uwar amarya, sai kuma dubu ɗari huɗun da kika tara kina son yi wa ƙanwarki abin da zai faranta mata. Allah ya miki albarka, ya ba ki masu yi miki.

Toh maganar lefe dai a'a ce, ki cire ta a ranki tun yanzu. Eh na sani lefe ba addini ba ne, abin da addini ya nema waliyyi ne da shaidu da sadaki ko da rubu'in dinari ne, sai siga, shikenan aure ya ɗauru ko ɗankwali ɗaya ba a kawo ba. Amma tunda al'ada kika tambaya, al'ada ta ce inda aka je neman auren yarinya aka kai kuɗin gaisuwa aka sa rana, nan akwati yake sauka. Mamanku yanzu matar wani ce, gidan Rikkos gidan wani mutum ne daban, yaya za a yi dangin ango su taso tun daga Bauchi su jibge akwatunan 'yar Yaya a tsakar gidan wani? Shi kansa maigidan kin sa shi a tsaka mai wuya, Babanku kuma kin tozarta shi a gaban surukai tun ba a je ko'ina ba. Sannan ki tuna Zainabu na da shekara 6 aka rabu, ke kina da wayo kika bi ni, ita Ladi matar Babanku ce ta riƙe ta shekara 17. Ladi baki gare ta, ni za ki gaya wa? Mun sha kwasa da ita, akwai sallar da ko gaisawa ba mu yi ba. Amma lokacin da yarinyar nan ta yi ƙyanda da idona na ga Ladi zaune a ƙasan siminti a asibiti cikin sanyin Janairu, ta cire mayafinta ta lulluɓe ta, ita tana rawar ɗari. Ba a ƙwace wa marikiya lefe Hafsatu.

Kuma abin da ku 'yan yanzu ba ku gane ba, kun ɗauka uwar amarya ita ce mai ƙaton ɗauri a gaban hol emsi na kiran sunanta tana liƙi. A da uwa ɓuya take yi. Alkunya ce, kara ce, balle in 'yar fari ce ko sunanta ba ta faɗa. Uwa ba ta karɓar lefe, ba ta buɗe akwati, ba ta raka amarya ɗakinta, duk aikin goggonni ne da innoni. Ita Ladin ma da kike jin haushin za ta yi kane-kane, ranar ɗaki za ta shige, ni ce zan zauna a tabarma in ƙirga atamfa da leshi. To kin ga ƙofar da Mamanku za ta shigo ba tare da ta tako gidan ba: Innarku Asabe, ƙanwarta uwa ɗaya uba ɗaya, ta zo ta zauna kusa da ni, tare mu buɗe, tare mu miƙa tukwici, kuma in Mamanku na da hali ta sa nata kason a tukwicin ta hannun Asabe. Babu mai cewa don me, domin inna haƙƙinta ne. Bayan kwana biyu in 'yan kallo sun ragu ni da kaina zan sa a ɗauki akwatunan a kai Rikkos ta gani ta sa albarka a dawo da su, dama ana zagayawa da lefe dangi su gani, ba sabon abu ba ne.

Hoton nan kuwa don Allah ki bari. Bari in ba ki labarin wautar da na tafka a 1996 bikin ƙanwarmu, mu ma kin san 'yan ɗaki biyu ne. Ina ji da kuɗin adashe na shiga kasuwar Taminus, lokacin tana nan da ranta kafin gobarar 2002, na ɗauko wa 'yan ɗakinmu anko shuɗi ban ce wa kowa komai ba. Da 'yan ɗayan ɗakin suka ji sai suka yi zuciya suka fitar da nasu ja. Ranar yini shuɗi na gefen rijiya ja na gefen madafi, kamar 'yan ƙwallo, dangin ango na zaune suna ƙirga mu da ido. Wallahi shekara uku bayan nan da ɗan saɓani ya shiga, abin da uwar mijin ta fara yi mata gori da shi kenan, wai ai gidanku ma ba ku haɗa kai ba. Har yau hoton na cikin album ɗina ba na son buɗe shafin. Magana in an faɗa iska na kwashe ta, amma jaka mai hoto sai ta shekara biyar ana zuwa Farin Gada cefane da ita, kullum Ladi ta gani a hannun maƙwabciya sai ciwon ya dawo sabo, kuma a kan wa za ta huce? Ke kina Gwarimpa abinki. Zainabu ce za ta zo wankan gida. Ki buga sunan ango da amarya da kwanan wata da Allah ya ba da zaman lafiya, ya isa. Anko kuma ɗaya tak, ki kira Ladi ki ce Anti ga kala uku zaɓar mana, ko wanne ta nuna ki ce shi ne ma ya fi kyau.

Yanzu kuɗinki. Kada ki zuba su a kwalliyar hol, furannin roba da dije za su cinye su cikin awa uku. Fara da turmi biyu iri ɗaya kuɗi ɗaya, ɗaya na Mamanku ɗaya na Ladi, na Ladin ki bi da shi ta hannun Babanku ki ce na uwar biki ne, shi ma zai ji daɗi ko bai nuna ba, kin san halinsa. Ƙannenki 'yan ɗakin Ladi ki ɗinka musu, ki sa babbar cikin ƙawayen da za su ɓoye amarya ranar kamu, in dangin ango sun biya kuɗin kamu a raba da ita. Yaro ba ya manta irin wannan.

Turaren wuta da humra kuwa kada ki saya a intanet, ki tura wa Mamanku kuɗin itace da su miski ta haɗa da hannunta, ta iya tun zamanta da Barebarin nan. Kin ga duk sanda Zainabu ta sa garwashi a kasko ƙamshin uwarta ne a ɗakin, kuma babu sunan kowa a jikin kwalba. In tana da sauran tsofaffin kwanukanta na aure, langa ko 'yar samira guda, a saka cikin kayan jere can ƙasan kabad. Kayan gara kuma a raba, alkaki da nakiya daga Rikkos, dubulan da cincin da buhunan daga Gangare, in an haɗa a mota wa ya san na wa ne.

Babban abin da za ki yi mata dai shi ne daren sallama. Ana gobe ɗaurin aure bayan magariba ni zan nemi izinin Yaya, ba ke ba, in ɗauke ta da lallenta mu je Rikkos, mu bar su su biyu a ɗaki su yi kukansu, ta yi mata faɗan da uwa ke yi. Ba hoto, ba sitatus, na roƙe ki. Washegari in an ɗaura Babanku ya yi nasa nasihar, ta durƙusa gaban Ladi ta nemi gafara kamar yadda kowace amarya ke yi, mu fita da ita.

Sauran canjin ki sai mata bargo mai nauyi da hita na ruwa, bikin Disamba ne a Jos ba Abuja ba. Ki sa mutum ɗaya wanda aikinsa kawai ya ga amarya ta ci abinci, don sai ta yini da yunwa ana ta hidima da baƙi, filas na kunun gyaɗa da masa mai zafi da safe. Kaka a ajiye mata kujera nesa da sifika. Af, kuma ki kai wa Ngo kati hannu da hannu, tsohuwar maƙwabciyarmu da ta tashi bayan rikicin 2001, ita ta fara yi wa Zainabu kitso, in ta ji a bakin duniya ba za ta yafe mana ba.

Ki taso da sassafe ranar Laraba, kada ki tsaya sayayya a Akwanga, ina so ki wuce Hawan Kibo da rana tsaka. Gidana za ki sauka tukuna kafin ki je ko'ina, akwai maganar kayan kicin da ba zan rubuta a waya ba. Ki taho min da man ƙafar nan irin na wancan karon.