Amsa: An ce lafiyata ƙalau amma jikina ba daɗi

Ƴar uwa sannu, Allah ya yaye miki. Kin ce tunda maigidan ya rasa aiki kuka koma gidan surukai kike fama da ciwon kai da faɗuwar gaba da rashin bacci, an yi gwaje-gwaje an ce ba komai, shine kike tambaya ko sammu ne. Wallahi ciwonki na gaske ne, kar kowa yace miki raki kike. Idan mutum kullum yana cikin fargaba jiki yana ta sakin sinadaran adrenalin da kotisol, su ne ke sa zuciya bugawa da sauri, jini ya hau, wuya ya ɗaure, ga rashin baccin yana ƙara dagula komai, balle ke da ba ki da wanda za ki faɗawa a gidan, wannan kaɗaicin shi ya fi damuna.

Ki koma asibiti a sake auna jininki, kuma ki gaya wa likita halin da kike ciki a gida, ba ciwon kan kawai ba. In kina Kano akwai asibitin Dawanau, a Kaduna akwai na Barnawa, suna duba masu damuwa ba sai wanda ya zautu ba. Addu'a ki riƙe ta, amma ki samu ƴar uwa ko aminiya ɗaya da za ki dinga amayar mata da abin da ke ranki.