Tambaya da Amsa: Gidajen Turawan Ikoyi da Suka Koma Otal

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ni direba ne mazaunin Agege, nakan kai baƙin maigidana masauki a Ikoyi. Akwai wasu ƙananan otal-otal masu tsadar gaske da ake ce mini tsofaffin gidajen Turawan mulkin mallaka ne. Gaskiya ne, ko dai zaƙin bakin 'yan kasuwa ne? Kuma ya dace a mai da gidan tarihi wurin kwanan haya? Daga wani mai karatu, Agege.

AMSA: Wa alaikumus salam, Malam direba. Ka taɓo mini inda yake yi mini ƙaiƙayi, don a Obalende aka haife ni, kuma yayan mahaifina ya shekara da shekaru yana kuku a ɗaya daga cikin gidajen nan.

Wasu gaskiya ne, wasu kuwa sabon gini ne a tsohon fili. Bayan haɗe Arewa da Kudu a 1914, Turawa suka keɓe Ikoyi don ma'aikatansu. Dokar garuruwa ta 1917 ta ce a bar fili na yadi 440 tsakanin unguwarsu da ta baƙar fata, wai don gudun zazzaɓin cizon sauro. Sunayen gwamnoninsu ne kake bi kullum da mota: Lugard, Bourdillon, Glover. Shi Glover ɗin shi ya kafa rundunar Hausawa a 1863, kuma sojojin Hausawa na cikin waɗanda suka fara zama Obalende.

Ba duka na Turawa ba ne. Otal ɗin Wheatbaker, wanda aka buɗe a 2011, yana zaune ne inda gidan Amos Shackleford yake. Baƙar fata ne ɗan Jamaika, ya zo Legas a 1913 aikin jirgin ƙasa, daga baya ya buɗe gidan burodi a Ebute Metta har aka yi masa laƙabi da sarkin burodi. Daga sana'arsa otal ɗin ya samo suna.

In kana son gane tsohon gida na ainihi, dubi tsayin silin, da baranda mai faɗi da ta kewaye shi, da tagogin katako masu shigar da iska ko an rufe su. Babu na'urar sanyaya ɗaki a lokacin, iskar tafkin Legas ce fankarsu. Sannan ka leƙa baya. Can ƙurya za ka ga jerin 'yan ɗakuna masu rufin kwano, boskwata ke nan. Nan Baba Babba ya zauna da boyi da maigadi, famfo ɗaya suke tarayya. Ina yaro nakan kai masa tuwo daga gida, ta ƙofar baya nake shiga, ya zaunar da ni kan buhun gawayi ya gutsuro mini burodi mai ɗumi. Ban taɓa taka barandar gaba ba sai bara, da gidan ya zama otal, na shiga da kuɗina na sha shayi. An gyara benen tsaf, katakon matakala yana sheƙi, hotunan Turawa a jere jikin bango. Da na zagaya baya, ɗakin Baba babu shi, janareta aka girke a wurin. Wallahi sai da na yi ƙwalla.

Duk da haka ina goyon bayan a mai da su otal. Fili a Ikoyi ya yi tsadar da gidan da ba ya kawo kuɗi rusau ke jiransa. Ilojo Bar, wani tsohon gida da yake kusa da dandalin Tinubu a tsibirin Legas, ginin 1855 ne, an sa shi cikin kayan tarihin ƙasa tun 1956, amma aka rushe shi a Satumbar 2016. Abin da nake roƙon masu otal shi ne su bar ko ɗaki ɗaya na boskwata, su rubuta su wa suka yi girki da wanki da gadi a gidan.

Ranar da ba ka aiki, ɗauki yaranka ka kai su gidan Jaekel da ke harabar hukumar jiragen ƙasa a Ebute Metta. Ginin 1898 ne, an gyara shi ya zama ɗan gidan tarihi, ta ƙofar gaba za ku shiga.