Ruwa Ya Kwanta a Gona: Amsoshin Tambayoyin Manoma Kan Ambaliya

Tambayoyin da manoma suka aiko a wannan karon kusan duk bakinsu ɗaya: ruwan sama ya yi yawa, gonaki sun cika, rumbuna sun jiƙe, dabbobi na tsaye cikin taɓo. Kafin mu shiga amsa, ga wani lissafi da ya kamata kowa ya riƙe. Ruwan sama milimita 1 daidai yake da lita 10,000 a kan hekta guda. Idan aka kwana ana tafka ruwa har ya kai milimita 100, lita miliyan ɗaya ke nan ta sauka a hekta ɗaya, ban da wanda ya gangaro daga gonakin da ke sama da taka. Ƙasar da ta riga ta ƙoshi ba ta da inda za ta kai shi, sai ya kwanta ko ya nemi hanya.

Tambaya: Masarata ba ta wuce mako uku da tsirowa ba, ruwa ya kwanta mata kwana biyu. In sake shuka ne ko in jira?

Malam, ka fara da fitar da ruwan, maganar sake shuka ta biyo baya. Saiwa tana numfashi, kuma iskar da ke cikin ƙasa takan ƙare cikin awa 24 zuwa 48 da kwanciyar ruwa. Masarar da ba ta kai ganye shida ba ta fi kowa shan wahala, domin zuciyarta, wato inda sabon ganye ke fitowa, tana ƙarƙashin ƙasa tukuna. Irin wannan takan jure kwana 2 zuwa 4 in akwai sanyi. Idan zafi ya haura digiri 25, tana iya mutuwa cikin kwana guda, saboda zafi na sa saiwa da ƙwayoyin halittar ƙasa su cinye iskar da wuri. Wadda ta kai gwiwa kuma kanta na waje ta fi juriya sosai.

Bayan ruwa ya janye, ka ba ta kwana 3 zuwa 5. Sai ka tumɓuke kamar guda goma daga sassa daban-daban na gonar, har da inda ruwan ya fi daɗewa, ka tsaga kowane kara a tsaye da wuƙa. In ka ga zuciyar fara ce ko ruwan madara, da tauri, tana da rai, kuma za ka ga sabon ganye kore ya fara leƙowa daga tsakiya. In ta yi baƙi-baƙi, ta yi laushi, tana wari, wannan ta tafi. Kada launin ganyen waje ya ruɗe ka: akwai wadda ta yi rawaya gaba ɗaya ta farfaɗo, akwai mai kore shar da zuciyarta ta ruɓe.

Idan galibi sun rayu, ka bar su, ka cike gurbi. Idan fiye da rabi sun mutu, ƙirga kwanakin damina da suka rage maka. Masara mafi saurin nuna tana neman kwana 80 zuwa 90, wake mai sauri kuwa 60 zuwa 70. Wanda ya rage masa wata biyu kacal ya zuba masara, ya yi asarar iri sau biyu. Waken suya, gyaɗa da wake ma ba sa son ruwa a gindinsu, ƙullutun saiwarsu da ke samar musu da taki yakan mutu in babu iska, don haka kada a kai su wurin da har yanzu yake tsattsafo.

Tambaya: Na zuba taki kwana huɗu kafin ambaliyar, yanzu ganye duk ya yi rawaya. In ƙara yuriya nan take?

A'a, dakata. Rawayar tana da dalili biyu, kuma dole a rarrabe su. Na farko, saiwar da ta shaƙe ba ta iya jan abinci ko da yana nan jibge a gindinta. Na biyu, sinadarin naitirojin ya gudu da gaske: a ƙasa mai yashi ruwa kan wanke shi zuwa can ƙasa inda saiwa ba ta kaiwa, a ƙasar laka kuma ƙwayoyin halitta kan mai da shi iska ya tashi sama muddin ƙasar na cike da ruwa kuma da ɗumi. Fosfaras da fotash ba sa guduwa haka, sai in ruwan ya kwashe ƙasar saman ɗungurungum. Shi ya sa sake sayen NPK bayan ambaliya yawanci ɓarnar kuɗi ne, yuriya ce abin nema.

Amma sai ƙasa ta tsane kuma shukar ta nuna sabon ganye. Yuriyar da aka watsa cikin ruwa ko taɓo, hanyar da ta farko ta bi ita ma za ta bi. Buhu mai kilo 50 yana ɗauke da naitirojin kilo 23. Ga masarar da ba ta fitar da kai ba, buhu ɗaya a hekta ya isa farfaɗo da ita. A tona ɗan rami nesa da kara kamar faɗin tafin hannu, a zuba, a rufe. In ba ka tabbata ba, gwada a kunya biyar ka jira mako guda. In sun fi maƙwabtansu kore, sai ka bi sauran.

Kuma kada a yi gaggawar shiga da shanu ko tarakta. Ɗebo ƙasa daga zurfin santimita 10 ka dunƙule. In ta manne tana sheƙi kamar yumɓun tukunya, da saura. In ka danna ta farfashe, an iya shiga. Ƙasar da aka tattake tana jiƙe takan daskare, ta hana ruwa nutsewa, kuma illarta na iya kai shekaru.

Tambaya: Ashe shinkafa ma ruwa na kashe ta?

Ƙwarai kuwa. Shinkafa tana son ƙafarta a ruwa, kanta a waje. In ruwa ya shanye ta ɗungum, galibin irin da aka saba ba sa wuce kamar mako guda, kuma ruwa mai laka ya fi kisa domin yana tare haske. Akwai irin da aka sanya wa ƙwayar gado mai suna Sub1, waɗanda kan daina tsawo su yi lamo har kusan kwana 14 a ƙarƙashin ruwa, sannan su tashi. Duk mai fadamar da ke nutsewa kusan kowace shekara, ya tambayi malamin gona wane iri ne mai wannan siffa aka amince da shi a yankinsa. In ruwa ya janye ya bar laka a ganye, a watsa ruwa mai tsabta a wanke ta. Inda aka samu giɓi, a raba gindin da ya yi 'ya'ya da yawa a dasa.

Tambaya: Ruwa ya shiga ɗakin ajiyata, buhunan hatsin da ke ƙasa sun jiƙe. In na shanya za su ciwu?

Hajiya, nan ne muke roƙon a taurare zuciya, don asarar buhu ta fi sauƙi a kan asarar lafiyar iyali. Ruwan ambaliya ya bi ta masai, ya bi ta turken dabbobi, wataƙila ya bi ta inda aka ajiye maganin feshi da man inji. Hatsin da ya nutse a cikinsa bai dace da ci ba, komai kyan shanya. Fitar da busassun buhunan sama tukuna, a kai su wani wuri, kada a haɗa su da na ƙasa.

Wanda ruwan sama ne kawai ya taɓa ta rufi mai yoyo, shi ana iya ceto, amma a yau, ba gobe ba. Jiƙaƙƙen hatsi kan fara zafi da fumfuna cikin kwana biyu. A baza shi a kan tamfol, kaurinsa kada ya wuce santimita 5, a riƙa juyawa. Masara sai danshinta ya sauka zuwa kashi 13 cikin ɗari, shinkafa mai ƙaiƙayi 14, ɓararriyar gyaɗa 7 zuwa 8. Wanda ba shi da na'urar awo, ya samu busasshiyar kwalba, ya zuba hatsi zuwa kashi ɗaya cikin uku, ya ƙara busasshen gishiri cokali biyu, ya rufe ya girgiza, ya bari minti goma sha biyar ya sake girgizawa. In gishirin ya manne a jikin kwalba, hatsin bai bushe ba.

Ƙwayar da ta yi kore-kore ko baƙi, a tsince a binne. Wani fumfuna yana fitar da guba mai suna afalatoksin, wadda ke lalata hanta, kuma dafuwa ba ta kashe ta. Ba wa kaji ko shanu ma ba mafita ba ce: tana kashe kaji, tana kuma ratsawa cikin madara. Haka hukuncin yake ga ganye, tumatir da duk kayan lambun da ruwan ambaliya ya taɓa ainihin abin da ake ci, musamman waɗanda ake ci ɗanye.

Tambaya: Awakina da shanuna sun tsira, me zan kula da shi yanzu?

Wuri busasshe tukuna, domin tsayuwa cikin taɓo na tausasa kofato har ya ruɓe. Da ka ga ɗingishi, ɗaga ƙafar ka duba tsakanin kofato. Harawa da dusar da suka jiƙe suka yi fumfuna a zubar. Bayan makonni, fadamar da ruwa ya kwanta takan cika da ƙananan katantanwa masu ɗauke da tsutsar hanta. Ba kowane maganin tsutsa ke kashe ƙananan tsutsar ba, wani kuma bai dace da dabba mai sabon ciki ba, don haka a bar wa likitan dabbobi zaɓi.

Abu ɗaya da ba wasa: dabbar da ta faɗi matacciya farat ɗaya, jini na fita ta hanci ko dubura, kada a feɗe ta, kada a ci, kada a taɓa da hannu. Ambaliya na tono ƙwayoyin ciwon saifa daga cikin ƙasa, kuma yana kama mutum. A kira likita.

Rijiyar da ruwa ya haura bakinta ita ma ta gurɓata ko da ta yi garau a ido. Har sai an kwashe ta an sa mata kulorin, a tafasa ruwan sha ya yi minti guda yana tafarfasa. Ta nan kwalara ke shiga gari bayan ambaliya.

Tambaya: Ruwa ya bar mini yashi a rabin gona.

Auna kaurinsa da sanda. Ƙasa da santimita 5, huɗa ta yau da kullum za ta gauraya shi. Daga 5 zuwa 20, sai huɗa mai zurfi da takin gargajiya mai yawa. Fiye da haka, a kwashe ko a baje shi tukuna. Kada a bar wurin tsirara, a shuka ko da wake ne, don ƙwayoyin halittar da ke taimaka wa saiwa jan fosfaras su dawo. Injin ban ruwan da ya nutse kuma kada a tayar da shi: a cire fulogi, a juye baƙin mai da fetur, a busar da matacin iska, a ja igiya ruwan ciki ya fita, sannan a zuba sabon mai.

Tambaya: Maƙwabcina ya ɗaga jinga, ruwan duk ya juyo gonata. Ni ma in ɗaga tawa?

Ɗan'uwa, in ka ɗaga, na ƙasa da kai zai aiko mana da irin wannan tambaya baɗi. Jinga ba ta rage ruwa ko lita ɗaya, tura shi take yi, kuma ranar da ta ɓalle ɓarnarta ta fi ta ruwan da ya zo a hankali. Abin da ke aiki shi ne duk masu gonaki a gangare ɗaya su zauna kafin damina, su bi hanyar ruwan da ƙafa tun daga sama har inda yake faɗawa rafi, su amince da babbar magudana guda wadda babu mai toshewa ko nomawa. Yashe ta kuma daga ƙasa ake farawa a hau sama. In aka fara daga sama, an buɗe wa ruwa ƙofa alhali mafitarsa a toshe take.

A cikin gonarka, kunya ta ratsa gangare da ɗan karkata kaɗan zuwa magudana, kada ta miƙe daga tudu zuwa kwari. Wanda ya ɗaure kwarin kunyoyinsa don tara ruwa lokacin fari, ya fasa ɗaurin da zarar ruwa ya yawaita. A bakin magudana da inda zaizaya ta fara, a dasa ciyawar jema a jere, tazarar santimita 10 zuwa 15, saiwarta na riƙe ƙasa, ganyenta na rage gudun ruwa.

Ku kuma yi yarjejeniya da mutanen da ke sama da ku a bakin kogi su riƙa bugo waya in ruwa ya taso, ku ware tudun da za a kai dabbobi, iri da taki, ku san wa zai ɗauki tsofaffi da yara. Kowa ya ɗauki hoton gonarsa kafin ruwa ya janye, ya rubuta rana, faɗin wurin da abin da aka shuka, domin masu inshora da masu rabon tallafi shaida suke nema. In kuma ruwan ya riga ya taso, kada a tsallaka shi don ceto buhu ko akuya. Ruwa mai gudu da bai wuce santimita 15 ba yana iya kayar da babban mutum.