Amsa: Tarihin zaɓen mazaɓarku a Baure

Malam, ka ce kana son sanin yadda mazaɓarku ta kansila a Baure, jihar Katsina, ta saba jefa ƙuri'a. To kada ka kafa hujja da zaɓen kansila. Hukumar zaɓe ta jiha ce ke shirya shi, kuma kowa ya san jam'iyyar gwamna ce ke lashewa. Sakamakon INEC za ka nema, rumfa-rumfa. Na 2023 an ɗora shi a IReV, shafin intanet na INEC da ake duba sakamakon zaɓe.

Kuma mutanenmu sun iya raba ƙafa. A 2011 Katsina ta ba Buhari na CPC ƙuri'ar shugaban ƙasa, ta mayar da Shema na PDP gwamna. A 2023 Atiku na PDP ya ci jihar da ƙyar a zaɓen shugaban ƙasa, Dikko Raɗɗa na APC ya ci gwamna. Tsofaffin wakilan jam'iyya na rumfunanku ma ka tuntuɓe su, wasu suna ajiye takardun sakamako.