Ku Tambaya Mu Amsa: Shigo da Kiren da Sauran Injinan Ɗaga Kaya

Wasiƙun wannan fitowa sun taru ne kan kiren, wanda wasu ke kira ƙugiya, da danginsa irin su hayab (hannun ɗaga kaya da ake ɗora wa babbar mota) da fokilif (ƙaramin injin ɗaga kaya mai yatsu biyu a gaba). Mun miƙa su ga wani injiniya mai duba injinan ɗaga kaya da wani wakilin fito da ke aiki a tashoshin jiragen ruwa na Legas. Ga abin da suka ce.

TAMBAYA: Ni ɗan kwangilar gini ne. Kuɗin hayar kiren ya ishe ni, ina so in sayi nawa mai tan 25. Sabo zan ɗauko daga China, ko tokumbo daga Turai ko Japan? Daga wani mai karatu a Kano.

AMSA: Alhaji, kafin maganar ƙasa, bari mu taɓa wannan tan 25 ɗin, don a nan mutane da yawa ke yin tuntuɓe. Lambar da aka rubuta a jikin kiren nauyin da yake iya ɗagawa ne idan kayan na dab da shi, wajen mita 3 daga tsakiyar inda yake juyawa, hannunsa a tsuke, ƙafafunsa huɗu a miƙe har ƙarshe. Da zarar an zuro hannun an kai shi nesa, ƙarfin sai ya zube. Kiren mai tan 25 da aka miƙa zuwa mita 20 da ƙyar ya ɗauki tan 2. Saboda haka ka zauna ka rubuta abu uku: kaya mafi nauyi da kake ɗagawa, nisan da ke tsakanin inda kiren zai tsaya da inda za a ajiye kayan, da kuma tsayin ginin. Sai ka nemi jadawalin nauyi na injin da kake so, ka duba inda layin nisa ya haɗu da layin tsawon hannu. Nauyin ƙugiyar kanta da na sarƙoƙi duk ana cire su daga abin da jadawalin ya nuna. Wanda aikinsa ɗora janareta mai tan 8 ne a bayan katanga, mai yiwuwa tan 50 yake bukata, ba 25 ba.

To, kasuwar. Kusan duk manyan kiren da ke aiki a Najeriya daga waje aka kawo su. Sababbi yawanci na China ne: XCMG na birnin Xuzhou, da SANY da Zoomlion na birnin Changsha. Tokumbo kuwa akwai Liebherr na Jamus, da Grove, da Tadano da Kato na Japan, ana tsinto su a wuraren gwanjo na Holan da Beljiyam da Jamus, ko a Dubai da Sharja. Na Jamus da na Japan suna da ƙarko, ba a musun wannan, amma tsohon Liebherr mai shekara 20 da kwamfutarsa ta fara gardama zai iya zama wata uku a gareji ana jiran wani ɗan allo daga Turai. Na China kuwa ba ya riƙe darajarsa ranar da ka tashi sayarwa, sai dai kayan gyaransa na da sauƙin samu da sauƙin kuɗi. A ganinmu, mai sayen kirensa na farko, wanda zai yi aiki tsakanin Kano da Katsina da Jigawa, ya fara zagaya masu kayan gyara a Legas da Kano ya ji na wane kamfani ke samuwa, sannan ya zaɓi injin.

Abu biyu kuma su tsaya maka a rai. Na farko sitiyari: Japan da Ingila hannun hagu suke bi a titi, sitiyarinsu na dama, mu kuwa tun 1972 muka koma hannun dama, kuma dokar hanya ta hana mota mai sitiyarin dama. Sauya sitiyarin kiren ba kamar na ƙaramar mota ba ne. Na biyu inji: sababbin injinan Turai na amfani da ruwan tsabtace hayaƙi na AdBlue da matatar hayaƙi, an kuma ƙera su ne don gas mai tsabta ƙwarai. Ka zuba musu gas ɗin bakin titi, matatar ta toshe, kwamfuta ta rage wa injin ƙarfi, kaya na rataye a sama.

TAMBAYA: Na samu wanda nake so a Dubai, mai shi ya turo hotuna da bidiyo, ya yi kyau kamar sabo. Me zan duba kafin in tura kuɗi? Daga wani mai karatu a Zariya.

AMSA: Malam, sabon fenti a jikin tsohon kiren abin tsoro ne, ba abin murna ba, domin tsaga yake ɓoyewa. Kada ka biya sai mutuminka, ko wani mai dubawa da kai ka ɗauka ka biya, ya tsaya a kan injin.

A fara da farantin lamba da ke jikin shasi da na saman, a tura wa wakilin kamfanin da ya ƙera shi ya tabbatar da shekara. A gwada awannin da agogon injin ya nuna da yadda feda da kujera da sandunan sarrafawa suka ci. Agogo ana mayar da shi baya, feda ba ta ƙarya. Sai a zuro hannun gaba ɗaya, gaɓa bayan gaɓa, a duba kowane walda. Duk inda aka ga facin ƙarfe ko waldar da ba ta masana'anta ba a jikin hannu, a bar cinikin. Ƙarfen hannun kiren na musamman ne, mai walda na gari ya sa masa wuta ya raunana shi.

Daga nan sai babban zoben da saman ke juyawa a kansa. A ɗaga kaya, a lura ko saman na yin rawa a kan shasi, a juya shi zagaye ɗaya cikakke ana saurare. Ƙarar "ƙas, ƙas" na nufin ƙwallayen ciki sun ci, kuma canja zoben nan yana cikin gyare-gyare mafiya tsada. A bar kayan a rataye minti 15 bayan an kashe inji, a auna da tef: idan ya sauko, ko hannun ya sunkuya, ko wata ƙafa ta janye, silinda na yoyo ta ciki ko bawul ɗin riƙo ya mutu. Igiyar waya a warware ta daga ganga, a bi ta da tsumma a hannu. Inda tsumman ya maƙale, wayoyi sun karye. Inda ta kumbura kamar sheƙar tsuntsu ko ta lanƙwashe, ta gama aiki. Bakin ƙugiya idan ya buɗe fiye da kashi 5 cikin ɗari na asalinsa, a canja ta, kada a buga ta da guduma a ce an gyara.

Na ƙarshe, kuma shi ne aka fi yi wa ha'inci: na'urar da ke auna nauyi ta tsayar da kiren idan ya wuce ƙima. A ɗaga abin da aka san nauyinsa a ga ko allon ya faɗi daidai. Sau da yawa za a tarar an haɗe wayoyinta ta baya don kada ta riƙa damun direba da kuka. A tabbatar kuma jadawalin nauyi da littafin injin suna nan cikin harshen da direbanka zai iya karantawa, kuma a ƙirga ƙarafan ma'aunin baya, wato masu nauyin da ke danne bayan kiren kada ya kife, a rubuta su a rasit. Kiren da ya iso babu su, rabin kiren ne.

TAMBAYA: Waɗanne takardu ake bi, kuma nawa ne kuɗin fito? Daga wata 'yar kasuwa a Kaduna.

AMSA: Hajiya, komai yana farawa ne kafin kayan su hau jirgi. Kamfaninki ya kasance da rajistar hukumar rajistar kamfanoni ta CAC da lambar haraji ta TIN. Mai sayarwa ya turo takardar farashi mai ɗauke da sunan injin da lambarsa da shekararsa, ki sayi inshorar jirgi daga kamfanin cikin gida, bankinki ya buɗe Form M, wato takardar neman shigo da kaya. Idan kayan na cikin waɗanda hukumar kula da ingancin kaya ta SON ke sa wa ido, takardar shaidar inganci ta SONCAP daga can ƙasar ake fara ta. Bayan an yi lodi, takardun jirgi su zo ta banki, kwastam su fitar da takardar ƙiyasi ta PAAR, wadda a kanta ake biyan fito. Wanda ya yi gaggawar lodi kafin Form M, injinsa zai zauna a tasha kuɗin ajiya na hawa kullum.

Kuɗin fito ya rataya ne ga lambar rukunin kaya. Cenbulok (na'urar ɗaga kaya da sarƙa) da jak da winci suna 8425, kiren 8426, fokilif 8427, kayan gyaransu 8431. Amma kiren da aka ɗora a kan shasin mota mai nata kan direba, 8705 yake, wato ɓangaren motoci. Wasu wakilai kan cusa shi a inda suka ga ya fi araha. Ranar duba kaya jami'i ya gano, a buga takardar neman cikon kuɗi, a yi asarar makonni. Jadawalin fito na ECOWAS matakai biyar ne: 0, 5, 10, 20 da 35 cikin ɗari, injinan aiki galibi suna matakan ƙasa. Ana lissafin ne a kan kuɗin kaya haɗe da inshora da kuɗin jirgi, da canjin dala na kwastam. A kan wannan akwai rabin kashi ɗaya na ECOWAS, da harajin VAT kashi 7.5, ga kuma cajin kashi 4 na farashin kaya da aka yi ta sakawa ana dakatarwa a 2025. Don haka ki sa wakilinki ya rubuta miki kowane caji a layinsa, kada ki karɓi dunƙulallen jimla.

Kiren mai taya jirgin motoci ake sa shi, ya sauka a tashar Tin Can ta Legas. Wanda za shi aikin man fetur kan bi ta tashar Onne a jihar Ribas. Fokilif mai tan 3 kuwa yana shiga kwantena, amma a auna tsayin turakunsa, ƙofar kwantena ta yau da kullum ba ta kai mita 2.3 ba. Kada kuma a manta da kuɗin hanya: kiren mai tan 50 shi kansa yana kai tan 36, kuma tuƙa shi da ƙafarsa kilomita dubu daga Legas zuwa Arewa cin giya da taya ne. A kan lobed, wato tirelar ɗaukar manyan injina, ake ɗora shi.

TAMBAYA: Ina da tirela ina so in ɗora mata hayab don ɗaukar turakun lantarki da taransifoma. An ce mini mai "10" ya isa. Daga wani mai karatu a Gombe.

AMSA: Hayab, wato Hiab, sunan kamfani ne da ya samo asali a Suwidin, ya zama sunan duk irin wannan hannu, har na kamfanonin Palfinger da Fassi. Goman nan ba tan 10 ba ne, nauyi ne sau nisa: kusan tan 5 a mita 2, tan ɗaya da 'yan kai a mita 8. Auna taransifomarka da wannan. Kuma ba a ɗaure shi kai tsaye a shasi. Sai an shimfiɗa ƙaramin shasi na biyu, in ba haka ba na motar zai tsage a bayan kai. Mai aiki kusa da layin wuta ya bar aƙalla mita 3 tsakanin hannu da layin 11 ko 33kV, mita 6 ga manyan layukan 132 da 330.

TAMBAYA: Ina Maraɗi. Zan iya sayen kiren a Najeriya in shigo da shi Nijar ba tare da fito ba, tunda maƙwabta ne? Ko ta Kwatano ya fi?

AMSA: A'a, ɗan'uwa. Sassaucin fito na yankin an yi shi ne don kayan da aka ƙera a cikin yankin, kiren ɗin China ko Jamus kuwa baƙo ne ko ya shekara goma a Kano. Ga shi ma Nijar da Mali da Burkina Faso sun kammala ficewa daga ECOWAS a Janairun 2025. Idan ka saya a Najeriya, an riga an biya masa fito sau ɗaya yana cikin farashin, duwan, wato kwastam na Nijar, kuma za su karɓi nasu. Mai sayarwa ya buɗe takardar fitarwa ta NXP, ka riƙe asalin takardun fitonsa na farko, za a tambaye su a Jibiya. Hanyar Kwatano ta rikice tun bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023 da rufe iyakar Nijar da Benin ta Gaya da Malanbil, kaya da yawa suka koma Lome su ratsa Burkina, hanya mai tsawo da tsada. Idan aikin na 'yan watanni ne, ka yi hayar kiren daga Kano ko Katsina da takardar shiga ta wucin gadi. Ana ajiye jingina, a karɓe ta ranar da injin ya koma.

TAMBAYA: Mun sayo kiren na cikin masana'anta, mai gudu a kan dogo a rufi, daga Amurka. Yana tafiya a hankali, kuma kwantakta, wato makunnin da ke sada masa wuta, na ƙonewa. Daga wani mai injin casar shinkafa a Birnin Kebbi.

AMSA: Wutar ce ba ta dace ba. Masana'antun Amurka na aiki da bolt 480 a kan zagaye 60 a daƙiƙa (Hz), tamu kuwa 415 ce a kan 50, shi ya sa motocinsa na lantarki, wato injinan da ke tafiyar da shi, ke gudu da kashi biyar cikin shida na saurinsu. Motocin za su jure, amma a duba ƙaramar taransifomar sarrafawa da kwal ɗin kwantakta da na birki, a canja su da na zagaye 50. Na China, mai 380, ya fi kusa da tamu.

TAMBAYA: Me ke kayar da kiren alhali bai ɗauki abin da ya fi ƙarfinsa ba? Daga wani direban kiren a Abuja.

AMSA: Ƙasa da iska. Ƙafa ɗaya na iya ɗaukar fiye da rabin nauyin kiren da kayansa lokacin da ya juyo ta kanta, to in ta sauka a kan cikon ƙasa, ko sokawe, ko bakin rami, nutsewa za ta yi. A shimfiɗa katakai masu kauri ko farantin ƙarfe, a daidaita injin har ruwan ma'auni ya tsaya tsakiya, tayoyi duk su bar ƙasa. Iska kuwa, alhazai ba su manta da 11 ga Satumba 2015 ba, ranar da guguwa ta kayar da babban kiren a Masallacin Harami, mutum fiye da 100 suka rasu; bincike ya nuna an bar hannunsa a tsaye ba a kwantar ba. Iskar farkon damina a wurinmu ba ta sallama. Littafin injinka ya faɗi iyakar iskar da zai yi aiki a cikinta, a sa na'urar auna iska a kan hannu, kuma faffaɗan kaya irin kwanon rufi da tanki a sauke su tun hadari na gabas. Ku kula da sarƙa ma: idan aka buɗe ƙafafu biyu har kusurwar tsakaninsu ta kai digiri 120, kowace ɗaya tana ɗauke da nauyin kayan gaba ɗaya ne, ba rabi ba. Sarƙoƙi da majanyu a kai su dubawa duk wata 6, kiren ɗin kansa duk shekara, a ajiye takardar a cikin mota.