Mace mai maza biyu a fim ɗin Koriya: al'ada ce ko tsokana?

Tambaya: Assalamu alaikum Malam. Na kalli wani fim ɗin Koriya da matar aure ta ce wa mijinta za ta ƙara aure, kuma ba ta so ya sake ta. Haka suke yi a can?

Amsa: Wa alaikumus salam 'yar'uwa. A'a, dokar Koriya ta Kudu miji ɗaya mata ɗaya ta sani. Ina jin fim ɗin My Wife Got Married kika gani, na shekarar 2008, wanda Son Ye-jin ta ja. Hirar ƙwallo ce ta haɗa su, ita 'yar Barcelona, shi ɗan Real Madrid. Bayan biki aiki ya kai ta wani gari, ta dawo da maganar wani. Sai ga namiji yana jiran ranar kwanansa, kishi na cin sa, da ta haihu kuma ya shiga tunanin 'yar ta wa ce.

A ganina tsokana ce da gangan. A zamanin Joseon, tsohuwar masarautar Koriya, namiji mai hali yana da uwargida guda ya kuma ajiye ƙwaraƙwarai, ba mai ɗaga masa gira. Bazawara kuwa in ta sake aure, 'ya'yanta maza ba sa samun muƙamin gwamnati. Fim ɗin juya tabarmar ya yi, ya zaunar da namiji inda mata suka daɗe a zaune, don mai kallo ya ji yadda abin yake.

Ki kuma lura da lokacin da ya fito. A watan Janairun 2008 aka daina aiki da tsarin hoju, wanda ke rubuta iyali duka ƙarƙashin sunan maigida. Cin amanar aure kuma har lokacin laifi ne mai ɗaurin da zai iya kai shekara 2, ƙarƙashin dokar 1953. Sai a 2015 kotun tsarin mulki ta soke ta. Wato ranar da mutane ke sayen tikitin kallo, abin da jarumar ke yi zai iya kai mace gidan yari.

Ba kuma shi ya fara ba. Tun 1956 fim ɗin Madame Freedom ya nuna matar farfesa tana zuwa gidan rawa, sai dai ita ta ƙare da nadama a ƙofar gidan mijinta. Jarumar 2008 kuwa ba ta ƙare da nadama ba.