Amsa Kan Takardar Taurarin da Ka Samu a Gafakar Malam

Ɗana, bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, saƙonka ya iso ni. Ka ce da kake gyara gafakar marigayi kakanka ka ci karo da wata takarda mai da'ira da aka raba gida-gida da jar tawada, kowane gida da sunan tauraro, sai zuciyarka ta raya maka cewa Malam yana cikin wata ƙungiyar asiri ta masu zana taswirar sama, har ka fara rubuta labari a kanta. Ka kuma tambaye ni ko al'adarmu ce a ɓoye irin wannan ilimi.

Labarinka ka ci gaba da shi, domin ƙagaggen labari ba a tambayarsa shaida. Amma ƙungiyar babu ita, kuma ni da na yi shekaru ina ɗaukar wa Malam buta da buzu, da akwai ta da na ga alamarta. Ka dubi yadda sana'a take a ƙasar Hausa: maƙera suna da Sarkin Maƙera, mahauta suna da Sarkin Pawa, wanzamai suna da Sarkin Aska, kuma dukansu a bainar jama'a ake naɗa su, da kiɗa da rakiya. Kowace sana'a tana da asirinta da take gadar wa 'ya'yanta, amma asirin ake ɓoyewa, su masu sana'ar kowa ya san ƙofar gidansu.

Takardar da ke hannunka jadawalin manzilolin wata ce, wato masaukan taurarin da wata yake bi a tafiyarsa a sama. Idan ka ƙirga gidajen za ka same su 28, kowane tauraro yana da kwana 13, in ban da Jabha da ake ba ta 14 domin lissafi ya cika kwana 365. An raba su bakwai-bakwai tsakanin bazara da damina da kaka da hunturu. Dalilin da ya sa malamanmu suka riƙe wannan lissafi shi ne shekarar wata kwana 354 ce, tana gaza ta rana da kusan kwana 11, don haka watan da ya zo da ruwa bana, bayan wasu shekaru a tsakiyar rani za a same shi. Da wata ake azumi da Hajji da idda, amma manomi ba zai iya dogara da shi wajen shuka ba, dole ya nemi ma'aunin da ke tafiya tare da damina. Alƙur'ani ma ya ambaci manzilolin a Suratu Yunus, ya kuma faɗa a Suratun Nahli cewa mutane suna gane hanya da taurari.

Ina iya tuna Malam a ƙarshen bazara, yana tashi kafin kiran assalatu ya tsaya bayan rumbu ya fuskanci gabas, yana jiran Kaza da 'ya'yanta, wadda littafi ke kira Surayya, ta sake bayyana bayan makonnin da ta yi a ɓoye cikin hasken rana. Idan an yi ruwan farko, bayan sallar asuba zaure yakan cika da manoma, kowa tambayarsa ɗaya: "Malam, wane tauraro muke ciki?" Shi kuwa sai ya lissafa da yatsu, Haƙa'a, Hana'a, Zira'a, Nasara, Ɗarfa, Jabha, sannan ya ce a yi haƙuri da iri tukuna, ko ya ce a shiga gona. Ba ya rage murya, kuma ko kwabo ba ya karɓa a kan haka. Tsofaffin da ba su taɓa riƙe allo ba sun san Gamzaki mai fitowa gabanin alfijir, sun san Zara matar wata, kamar yadda madugan ayarin gishiri da ke ratsa hamadar Tenere daga Agadas zuwa Bilma suke riƙe da hanyarsu ta sama a ka, ba tare da takarda ba. Wannan ne ya sa ba ka ga taswira a gafakar ba, jadawali kawai ka gani: taswirar tana cikin hadda, ana karɓarta daga baki, a tabbatar da ita da ido.

Masu zana taswirar sama na gaskiya an yi su a duniyar Musulunci, kuma sarakuna ne suke ɗaukar nauyinsu a fili. Abdurrahman al-Sufi ya zana surorin taurari a ƙasar Farisa a wajen shekarar 964, Ulugh Beg kuwa, wanda shi kansa mai mulki ne, ya gina gidan duban sama a Samarƙand, inda aka kammala jerin taurari 1018 a shekarar 1437.

Sai dai ba zan ce maka babu abin da ake rufe wa ƙofa ba, domin akwai. Malamai sun raba ilimin taurari gida biyu. Akwai na sanin lokaci da alƙibla da hanya, wanda mafi yawan malamai suka halatta, akwai kuma na danganta wa tauraro tasiri a kan arzikin mutum da aurensa da ajalinsa, wanda shari'a ta yi hani da shi. Tsakanin biyun ne hisabi da hatimi suke zaune, kuma a nan ne ake sirri. Wani yana ɓoyewa don tsoron zargin bokanci, wani don shi ne abincinsa, wani kuma saboda malaminsa bai ba shi izinin bayarwa ba. Muhammadu al-Katsinawi, wanda ya rasu a Alƙahira a 1741 a gidan mahaifin masanin tarihin nan al-Jabarti, ya yi rubutu a kan hatimai da taurari har malaman Misra suka san da zamansa, amma ko shi a hannun malamai ya karɓa ɗaya bayan ɗaya, kamar yadda ake karɓar kowane fanni a zaure. A nawa ganin, abin da idonka ya ɗauka ƙungiya ce, silsilar malami da almajiri ce, wadda ba ta da rantsuwa ko wurin taro, izini kaɗai ne ƙofarta.

Malam yakan rufe zaure wani lokaci, gaskiya ne, kuma na san ka ji wannan a bakin gwaggonka. Yawanci mai larura ne ya zo da maganar da ba ta jama'a ba ce. Sau ɗaya na roƙe shi ya koya mini hatimi, sai ya dube ni ya ce in fara kawo masa manziloli 28 a jere ba tuntuɓe. Na kawo su bayan mako biyu, ya sa mini albarka, bai sake tayar da maganar ba, ni ma kunya ta hana ni tuna masa.

Game da takardar, kada ka naɗe ta kuma kada ka sa mata gam, ka shimfiɗa ta tsakanin farar takarda biyu nesa da danshi, ka ɗauki hotonta ka aiko mini. Idan ka zo hutun ƙarshen shekara, lokacin Kaza tana fitowa tun da magariba, in hazo ya yi mana rangwame zan fita da kai bayan gari in nuna maka ita, mu bi gidajen takardar ɗaya-ɗaya. Ka gaida mahaifiyarka da ƙannenka.

Baffanka.